Labulen Ƙarfe Bakwai

Shekarata sittin da huɗu, kuma yau shekara goma sha ɗaya ke nan ina zaune ni kaɗai a wannan gida na saman bene. Ɗaki ɗaya ne da falo, sai kicin ɗin da mutum biyu ba za su iya juyawa a ciki ba. Duk mai tausaya min ya adana tausayinsa, zai yi masa amfani a wani wurin. Shekara talatin da biyar na yi ina aikin jinya a asibiti, shi ya sa har yanzu duk layin nan Sista ake ce min. Shekara shida na ƙarshe na haɗa da jinyar maigidana kafin Allah ya karɓi abinsa. Na ɗaga mutane, na juya su, na wanke su, na kwashe abin da ba a faɗa a gaban abinci. Safiyar farko da na farka babu mai kirana, na zauna a bakin gado na ji jikina sakayau, har kunya ta kama ni. Allah ya jiƙansa, mutumin kirki ne, amma ban taɓa sha'awar wani ya maye gurbinsa ba.

Ina shan shayina lokacin da na ga dama. Ina kwanciya a tsakiyar gado, ƙafa nan hannu can. Rediyona in na so ya yi magana, in ban so ba ya yi shiru, abin da ba a samu a wurin namiji. Haka nake zamana lafiya lau har bara, ranar da santsi ya kwashe ni a banɗaki.

Ban karye ba, amma ƙugu ya ƙi ɗaukata. Tun ƙarfe takwas na safe nake kwance a kan tayil har biyar na yamma. Famfo yana ɗiga kusa da kunnena, waya tana ta ƙara a falo, na yi kira har muryata ta dushe. Layin cike yake da motoci da masu shaguna, wa zai ji tsohuwa a saman bene? Na sha karɓar tsofaffin da aka kawo mana asibiti bayan sun kwana biyu a ƙasa, na san yadda fatarsu take komawa, kuma wannan ne ya yi ta yawo a kaina. Na ji tsoro ranar, irin wanda ban taɓa ji ba. Sai da 'yata ta zo da kafinta aka ɓalle ƙofa.

'Yar tawa ita kaɗai gare ni. Lauya ce, kowa Barista yake ce mata, har ni in ta ɓata min rai. Tun ban sauka daga gadon asibiti ba ta yanke hukunci. Zaɓi biyu ta ba ni: ko in koma gidanta, ko in yi aure. Na san ɗakin da take nufi, yana bayan kicin ɗinta, kusa da injin wanki, jikokina huɗu suna shiga suna fita ba sallama. Ina son su, Allah ya sani, amma ina son su ne daga la'asar zuwa magariba. Na ce mata a ba ni lokaci in yi tunani, ita kuwa ta ɗauka na zaɓi aure, sai ta shiga turo min tsofaffi.

Na farkon tsohon manajan banki ne, sai ƙamshin turare. Ko shayinsa bai shanye ba ya zazzage min magunguna a kan teburi, wai in duba masa ko akwai waɗanda ba sa haɗuwa. Na biyun tambayarsa ta uku ita ce ko hannuna yana da sauƙi wajen allura. Na ukun malamin makaranta ne, mai hankali, har na fara cewa wannan da dama-dama, sai ga shi a zuwa na biyu da hoton ƙirjinsa a cikin babban ambulan. Na ɗaga hoton a taga na duba masa, don ba zan iya ƙin dubawa ba, sannan na raka shi bakin matakala. Da Barista ta gaji ta tambaye ni wane irin miji nake so ne wai. Na ce mata mai gidansa, mai haƙoransa, mai wadda ke yi masa allura, kuma wanda zai koma gidan nasa kafin rana ta faɗi. Ta ce wannan ai ba miji ba ne, baƙo ne. Na ce to ta nemo min baƙo.

Mai Agogo ne ya kawo mafita, shi da ban taɓa sa shi a lissafi ba. Shagonsa yana tsallaken titi, daidai da gidana, yana gyaran agogo a ƙasa yana kwana a sama, tagar falonsa tana kallon tawa. Ya ba saba'in baya, matarsa ta daɗe da rasuwa, ɗansa guda yana aiki a wani gari. Shekara da shekaru gaisuwa ce kawai tsakaninmu. Wata rana muka haɗu a wurin mai burodi, ya yi min jajen faɗuwar, sannan ya ce shi ma abin yana damunsa, don in ya faɗi a sama babu wanda zai sani sai masu agogo sun gaji da buga ƙofa. Ya ce me zai hana kullum ƙarfe bakwai kowa ya buɗe labulen tagarsa. In bakwai da kwata ta yi labulen wani a rufe, ɗayan ya buga waya. In ba a ɗauka ba, ya tsallako da mabuɗi. Babu ziyara, babu hira, babu aiken abinci.

Wallahi ban taɓa jin namiji ya faɗi magana mai daɗin wannan ba. Muka yi musayar mabuɗi a nan gaban mai burodi, na rataye nasa a ƙusa bayan ƙofata. Barista ta yi ta jujjuya maganar tana neman ɓaraka, da ta rasa sai ta kafa sharaɗi. Ta ce ranar da labulen nan ya gaza ko sau ɗaya, in haɗa kayana ba gardama. Ta sa na maimaita da bakina, na kuwa maimaita.

Wata goma sha ɗaya muka yi a haka. Labulensa kore ne, mai kauri, kuma mutumin bai taɓa makara ba ko da minti ɗaya, har na daina duba agogon bangona. Ya ja nasa, in ja nawa, ya ɗaga hannu, in ɗaga kofina, kowa ya kama gabansa. Na koma wanka ba tare da na ajiye waya a kan bokiti ba. Ina da mai lura da ni, kuma ba sai na wanke masa safa ba.

Ranar wata Talata da yamma, wajen ƙarfe biyar, aka ƙwanƙwasa min ƙofa. Na buɗe na gan shi tsaye yana haki, ya sha guga, har takalmi ya goge. Bai taɓa hawo matakalata ba. Ban ce ya shigo ba, shi ma bai nema ba. Ya ce Barista ta je shagonsa har sau biyu, tana cewa tunda dai mun saba, me zai hana a yi abin da ya dace. Ya ce ya gaya mata shi ma zamansa shi kaɗai bai dame shi ba. Tun daga nan raina ya fara ɓaci, don ban san yarinyar nan tana bin bayana tana talla da ni ba. Sai ya ɗago hannunsa na dama yana kallonsa.

Ya ce, "Sista, kwana biyun nan hannun nan yana min wasa. Jiya sau uku ɗan sukurun agogo yana suɓuce min. Yatsun su yi nauyi kamar ba nawa ba, can kuma su dawo. Sai na ji tsoro. Na ce ko zaman mutum biyu ya fi."

Na ce, "Ashe kai ma layinsu ka biyo. Mai jinya kake nema, Malam, ba mata ba. Asibiti yana nan a buɗe, ni na yi ritaya."

Na rufe ƙofata. Ina tsaye a bayanta na ji yana sauka a hankali, matakala ashirin da bakwai, yana tsayawa yana hutawa. Ni ce fa na shekara ina gaya wa 'yan koyo cewa hannun da ya mutu ya dawo gargaɗi ne, kada a bar mai shi ya kwana a gida. Da baƙo ne ya tare ni a titi ya faɗi haka, da ni zan tsayar masa da mota. Amma ranar ban ji wannan ba. Abin da kunnena ya ji kawai shi ne wani tsoho ya sake kawo min ciwonsa a cikin rigar aure.

Washegari ƙarfe shida da rabi ina ɗora ruwan shayi na hango fitilar kicin ɗinsa a kunne, har na ga giftawarsa. Na yi tsaki. Da bakwai ta yi na tsaya ina shawarar ko in buɗe ko in bar shi ya ji yadda ake ji, sai na ce ni ba yarinya ba ce, na fizge labulena. Nasa a rufe.

Na tsaya da kofi a hannu. Bakwai da minti biyar. Bakwai da kwata. Ƙa'ida ta ce in ɗauki waya, wayar kuwa tana nan a kan hannun kujera. Na ce fushi yake yi. Na ce so yake in kira, ya ji muryata tana rawa, ya ce ai ga shi na damu da shi. Yanzu fa na gan shi da idona yana yawo a kicin. Na zauna na juya wa tagar baya na kunna rediyo, ban san me ake faɗa a ciki ba. Shayin ma ban ji ɗanɗanonsa ba.

Wajen ƙarfe takwas na waiga, sai na ga labulen ya motsa daga ƙasa, ya girgiza kaɗan ya tsaya. Sai na ji hankalina ya kwanta, haushi ya maye gurbin. Na ce ka ga dattijon banza, leƙe yake yi ya ga ko ina kallo. Na tashi da gangan na ɗauki tsumma ina goge teburin da ba shi da ƙura, don ya ga ko a jikina. Takwas da rabi ya sake motsawa, sau biyu a jere, har gefe ɗaya na sama ya saki ya langaɓe. Da bakina na ce, ka yi ta leƙe har ka tsinka shi, ba ni zan ɗinke maka ba.

Ƙarfe tara ne abin ya fara canjawa. Ƙarfe tara yake ɗaga ƙofar shago, ko ana ruwa ko ana rana, har tela na ƙasan gidana da ƙarar ƙofar nan yake sanin lokaci. Tara ta yi ƙofa ba ta motsa ba. Tara da minti goma wata mata ta zo ta bubbuga, ta jira, ta tafi. Mutum zai iya yin fushi da mace ya ƙi buɗe labule, amma Mai Agogo ba zai yi fushi da shagonsa ba.

Duk da haka sai tara da rabi na kira. Ta yi ta ƙara har ta katse. Na ce ya ga lambata ne. Na sake kira, ina tsaye a taga, ina kallon labulen da ya daina motsi tun ɗazu. A lokacin ne maganar hannun ta dawo min, kalma bayan kalma, yadda ya faɗe ta: su yi nauyi kamar ba nawa ba, can kuma su dawo. Na ciro mabuɗin daga ƙusa, ya faɗi, na sunkuya na ɗauka, ya sake faɗi.

Kuma ko a nan ban fita ba, in dai gaskiya zan faɗa. Na tsaya a bakin ƙofa da mayafi a kafaɗa ina lissafin banza. Tela ya ga hawowarsa jiya da gogaggen takalmi. Yau in aka gan ni ina buɗe ƙofar mutum da mabuɗi, kafin azahar labari ya isa ofishin Barista, ta ce magana ta ƙare. In kuma na tarar da shi zaune yana shan shayi, ina zan sa fuskata? Waɗannan duk ƙananan tsoro ne da nake rufe babban da su. Babban shi ne na san abin da ake tararwa a bayan irin wannan ƙofa, na yi shekara talatin da biyar ina karɓarsa a kan gadon ɗaukar marasa lafiya, kuma ban son in zama mai buɗewa.

Goma da minti goma na sauka. Gwiwata ba ta son matakala, amma ban ji ta ba. Tela ya gaishe ni ban amsa ba. Na tsallaka titi, wani mai mota ya danna min oda ya zage ni, na shiga ta ƙaramar ƙofar da ke gefen shagon na hau. A sama na ƙwanƙwasa sau ɗaya, na yi sallama, shiru. Na zura mabuɗin na buɗe.

Falon duhu ne, kuma cike yake da ƙarar agoguna. Sun fi ashirin a bango da kan kanta, na mutane da nasa, duk suna tafiya tare, duk sun nuna goma da kwata. Ban taɓa shiga ɗakin ba. Tsaf yake, kujera ɗaya, teburi ɗaya, kamar nawa. Kofi ya kife a kan darduma, shayin ya bushe.

Yana kwance a ƙarƙashin taga, a kan ɓarinsa na dama. Taku biyu ya rage masa ya isa labulen lokacin da abin ya same shi, sauran kuma da jan jiki ya ƙarasa, don dardumar ta tattare a bayansa. Hannunsa na hagu yana naɗe da gefen labulen na ƙasa, ya nannaɗe shi a yatsu har sun yi fari. Ƙugiyoyi uku sun tsinke daga sama, suna nan a ƙasa kusa da kansa. Labule ne mai kauri a kan ƙarfe, ba ya buɗuwa in an ja shi daga ƙasa, sai dai ya girgiza.

Ashe ba leƙe yake yi ba, kirana yake yi, ni kuma ina goge teburi.

Idonsa biyu. Bakin ya karkace, miyau ya jiƙa kwalar rigarsa. Ya dube ni ya yi ƙoƙarin magana, wani sauti ya fito wanda ba kalma ba. Da harara ya yi min da na fi samun sauƙi, amma kallon mutumin da ya ga an zo ne kawai. Daga nan hannuwana suka karɓi aiki, su ba su manta ba. Na kwance yatsunsa daga labulen ɗaya bayan ɗaya, na gyara masa kwanciya, na share bakin, na sassauta wuyan rigar, na ji bugun jininsa. Na miƙe na yaye labulen gaba ɗaya na buɗe taga na ƙwala wa tela kira. A tsallake ga tagata nan a buɗe, ana ganin kujerata da kofina sarai.

Tela da mai burodi suka sauko da shi a kan bargo. Kafin a samu mota, kafin a kutsa cunkoso, sha ɗaya ta wuce da kusan rabi muka isa. Tela ne ya kira Barista, sai ga ta a ɗakin gaggawa da baƙar rigar kotu a hannu, ta riƙe kafaɗata tana cewa Allah ya yi min albarka da na lura, ai ga amfanin labulen nan.

Bayan an ɗauki hoton kansa likita ta fito, yarinya ce da ba ta kai Barista ba. Ta ce jini ne ya toshe wata jijiya a ƙwaƙwalwa. Akwai allurar da ke narkar da shi, amma sai in abin bai daɗe ba, don in lokaci ya wuce allurar takan jawo zubar jini ta kashe mutum. Ta tambayi wanda ya san lokacin da aka gan shi lafiya na ƙarshe. Na san tambayar tun kafin ta buɗe baki, ni ma na sha yin ta. Babu wanda ya sani sai ni da shi, shi kuwa ba ya magana. In na ce ƙarfe tara, Barista za ta ci gaba da shafa kafaɗata, gidana ya tsira, su kuma su ɗura masa allurar a kan ƙaryata.

Na ce, "Shida da rabi na gan shi yana tafiya. Ƙarfe bakwai bai buɗe labule ba. A tsakanin nan ne."

Likita ta dubi agogonta, ta girgiza kai, ta ce to sai dai a yi abin da ya samu, ta koma ciki. Hannun Barista ya sauka daga kafaɗata.

Ta ce, "Ƙarfe bakwai, Mama? Ke kuma ƙarfe nawa kika je?"

"Goma da kwata."

Ba ta sake tambaya ba, ita da ba ta gajiya da tambaya. Muka zauna a benci ɗaya, kowa yana kallon ƙasa.

Ya rayu. Ɓarin dama ya tafi, maganar ma ta tafi, sai kalma ɗaya ko biyu da ba sa zuwa inda ake nemansu. Ɗansa ya iso da yamma, ya durƙusa yana min godiya, na ce ya tashi, na gaya masa yadda aka yi tun daga ranar Talata. Ya saurara har ƙarshe, ya ce haka Allah ya tsara, amma daga ranar gaisuwarsa ta gajarta, kuma ban ga laifinsa ba. Sati uku suka yi a asibiti. Ranar da za a sallame shi ya tafi garin ɗan, na je na zauna a gefen gadonsa. Na gaya masa na ga labulen yana motsi, sau uku, na kuma gaya masa abin da na ɗauka. Na roƙe shi ya yafe min. Ban san ko ya yafe ba, bakin ba ya faɗa. Ya dai ɗaga hannun hagu ya ja iska gefe, kamar mai buɗe labule, ya tsare ni da ido. Na ce ina buɗewa, kullum ƙarfe bakwai. Ya lumshe ido, ɗansa ya shigo da keken marasa lafiya.

Barista ta ba ni kwana biyu bayan tafiyarsu, sannan ta zo ranar Asabar da kwalaye a ninke, ta jingina su a bangon falo. Ba ta ɗaga murya ba. Ta tuna min alkawarin da na maimaita da bakina. Ta ce da na aure shi, da ina ɗakin lokacin da ya faɗi. Na ce gaskiya ne. Na ce amma ba ƙin aure ne ya kwantar da shi ba, ƙin sauraro ne. Da na bar mutumin ya gama maganarsa, na ce masa a'a cikin mutunci, na kai shi asibiti ranar Talatar, da yanzu yana shagonsa ni ina gidana. Wannan laifin nawa ne, da shi zan kwana da shi zan tashi. Amma ko yau aka dawo da shi lafiya ya sake tambayata, a'a zan ce.

Ta ce, "To in kika sake faɗuwa fa? Wa zai gani?"

Na ce, "Babu. Zan kwanta a nan har a zo. Na san yadda abin yake, na ɗanɗana a jikina, na kuma gani a jikin wani."

"Ba kya jin tsoro?"

"Ina ji. Kullum nake ji, tun daga bakin banɗaki. Na yi miki alkawari, ga shi na karya, ki riƙe ni da shi. Amma ki bar min gidana."

Ta daɗe tana kallona, sai na ga idonta ya ciko, ita da rabon da in ga kukanta tun rasuwar ubanta. Ta ɗauki jakarta ta fita. Kwalayen ba ta ɗauka ba, ni ma ban taɓa su ba, suna nan a jingine, ina zagaye su in zan shiga kicin.

An kwashe kayan Mai Agogo, masu agoguna sun zo sun karɓi nasu, an cire koren labulen. Tagar tana nan tsirara, ɗakin babu kowa, har yau ba a samu wanda ya kama ba. Mabuɗinsa yana ƙusa bayan ƙofata, babu wanda ya tambaye ni, nawa kuma ban san a wane kwali ya tafi ba.

Shekaranjiya na kira tela ya hawo. Na sa ya canja min ƙarfen labule da mai santsi, ya ɗaura masa igiya doguwa wadda ta sauko har ƙasa ta kwanta a kan tayil. Ya tambaye ni amfanin tsawon, na ce ya yi aikinsa. Da ya tafi na sauka a hankali na kwanta a ƙarƙashin taga, a kan ɓarina na dama, na miƙa hannun hagu na ja. Labulen ya buɗe gaba ɗaya, ja ɗaya tak. Na daɗe a kwance a wurin, haske a fuskata, igiya a hannuna, ina jin motoci suna wucewa a ƙasa. Tsallaken titi babu mai kallo.